Kwaɗin da ke Gindin Randar Kaka

Ranar wata Laraba ce da hantsi, cikin watan takwas na shekarar 1984, Gwaggo Asabe maƙwabciyarmu ta shigo gidanmu aron rariya. Ina zaune ƙofar ɗakin Kaka ina tsince tsakuwa daga cikin jar dawar nan ta taimako, wadda ko kaji sai sun yi shawara kafin su tsattsage ta. Rariyarmu a madafa take rataye, kowa ya sani, ita ma ta sani, amma sai ta wuce madafa ta nufo ɗakin Kaka, wai ƙishirwa take ji. Kaka kuwa ta tafi bayan gari tare da Inna tsinkar anza, ƴaƴan itacen nan masu ɗaci da ake ci lokacin yunwa. Gwaggo Asabe ta ɗauki moɗa, ta buɗe randa, ta ɗebi ruwa, ba ta kai shi baki ba. Idonta na kan wani fasasshen kasko da ke kife a gindin randar. Ta sa ƙafa ta ture shi. Ga ɗan rami, ƙasarsa a jiƙe, ga kwaɗi manya-manya cunkushe a ciki, sun hau juna suna lumshe ido. Ta daɗe tana kallonsu. Daga nan ta mayar da ruwan cikin randa, ta ajiye moɗa, ta fita tana salati ƙasa-ƙasa. Rariyar ma ba ta ɗauka ba, kuma ni har gobe ban yarda aron rariya ne ya kawo ta ba.

Ƙauyenmu yana bayan tabkin Gidimuni, tafiyar da yarinya za ta yi da tulu a ka ba ta sauke ba. Da can in damina ta zauna, kukan kwaɗi daga bakin tabki kan hana mutum jin sallamar baƙo. In an tashi lakwal, wato makarantar boko, ta nan muke biyowa, maza suna langa a kan rairayi ko suna kama kwaɗi suna sa su tsere, mu mata muna carafke a inuwar dabino har sai an aiko ƙanne su kira mu surfe. A wannan shekara kuwa tabkin ya ja baya, ya bar fili fari fat da kanwa, duk ya tsattsage kamar diddigen tsohuwa. An yi shuka ta mutu, an sake, gero ya fito ya kai gwiwa ya tsaya yana murɗewa. Da la'asar hadari zai taso daga gabas baƙi ƙirin, mata su yi ta kwashe shanya, mu yara mu jera ƙore da tukwane a tsakar gida, sai iska ta zo ta watsa shi kamar an kira shi wani gari. Maza sun fita roƙon ruwa sun juya riguna, an yi sadakar gumba da ɗan abin da ya rage a rumbu, shiru. Kwaɗin ma an daina jin su.

Abin da na fi tunawa da shekarar ba yunwar ba ce, kallon da mutane suka koma yi wa juna ne. In taɓarya ta yi ƙara a wani gida, kafin a gama daka an san gidan, an kuma fara tambayar inda suka samo. Inna kan ninke tsohon buhu ta sa ƙarƙashin turmi don sautin ya mutu. A bakin rijiya mata kan leƙa gugan juna, wadda ta cika tulu biyu a bi ta da ido har ta sha kwana. Yaron da aka gani da maiƙo a baki, uwarsa ta shiga uku. Da hadari ya yi ta tasowa yana watsewa, sai magana ta canja. Tsofaffi suka fara cewa ruwa ba ya tsami banza, lalle akwai mai ɗaure ruwan nan a cikin gari. Ba wanda ya kama suna, amma kowa ya shiga duba na kusa da shi, kuma ido ya fi tsayawa a kan wanda ba a san kakanninsa ba.

Kaka mahaifiyar Inna ce, mutane na kiranta Ya Fanna. Daga arewa ta zo, wajen Damargu, bayan awakinta sun ƙare ɗaya bayan ɗaya, rijiyarsu ta kafe, ƴan garinsu suka watse. Ta iso mana da tabarma da buta da wani ƙullin tsumma, Baba ya sa aka gyara mata ɗakin da ke jikin darni, wanda ya raba mu da gidan Gwaggo Asabe. Zama gidan suruki abu ne mai nauyi a wurinta. Tun da ta zo, ita da Baba ba su taɓa haɗa ido ba. In zai shigo sai ya yi gyaran murya tun daga zaure, ita kuma ta shige ɗaki ta saki asabari. In ta hango shi a hanya ta ratse cikin gona ko da ƙaya ce. Gaisuwar safe ma ta bayan asabari ake yin ta, shi a durƙushe nesa, ita da murya kamar ta mai ciwon haƙori. Ba ta cin abinci in yana gida, ba ta tari da ƙarfi, ko butarta a hankali take ajiyewa. Duk wata magana da ke tsakaninsu ni ce mai kai ta, don ni jika ce, ba ni da kunyarta, ita ma ba ta da tawa. Takan kira ni Hajo uwar tsegumi, ni kuma in ce mata tsohuwa mai ran ƙarfe, wadda fari ya ci awakinta ya bar ta don ta yi tauri.

Ni na riga Gwaggo Asabe sanin ramin. Na lura duk lokacin da Kaka za ta yi alwala, a gindin randa take tsugunawa, ta bar ruwan ya gangara ƙarƙashin kaskon, ta kuma gyara masa zama in ta gama. Raina ya ba ni abinci take ɓoyewa, ko dabino ko ƙuli-ƙuli, don a ganina ba yadda za a yi tsohuwa ta rayu a kan ɗan abin da take ci. Na yi ta fakon ta har ranar da ta fita, na ɗaga kaskon da yawu cike da baki, sai na yi ido huɗu da kwaɗi. Haushi ya kama ni ƙwarai. Da na tuhume ta, dariya ta yi, ta ce su ma baƙin fari ne irinta, sanyi suka biyo, kuma tun da suka sauka ba ta sake ganin kyankyaso ko gara a ɗakin ba. Ban ɗauki abin komai ba, don kwaɗo a gindin randa ba baƙon abu ba ne a kowane gida.

Amma a shekarar nan komai ya zama baƙon abu. Kafin azahar ta ranar Larabar, magana ta kai bakin rijiya. Kafin magariba ta yi rassa. Aka ce Ya Fanna ta tara kwaɗi a rami ta rufe, tana ba su ruwa a lokacin da ƴan Adam ke rabon moɗa. Aka ce kwaɗo shi ke kiran ruwa, to ga masu kiran an kulle su a ƙarƙashin kasko. Gwaggo Asabe ta rantse cewa darni ɗaya ne tsakaninta da ɗakin, amma ba ta taɓa jin ko ƙis daga cikinsa ba, kuma a duniya ina aka taɓa tara kwaɗi haka su yi gum in ba an ɗinke musu murya ba? Wata ta tuna cewa garin su Ya Fanna ma ai fari ne ya tashe shi. Wata ta ƙara da cewa ta taɓa ganinta tana kallon hadari tana motsa baki. Tasbihi take yi, na sani, amma wa zai tambaye ni. Washegari da na je ɗiban ruwa, mata suka matsa suka ba ni wuri, irin ba da wurin da ba na girmamawa ba, ƙawayena kuma iyayensu suka kira su gida.

Da safiyar Juma'a mai unguwa ya zo zaurenmu da wasu dattawa, cikinsu har da Baba Ɗanjuma, mijin Gwaggo Asabe. Suka ce a kawo kwaɗin a gani. Aka ce Lawali ɗan Gwaggo Asabe, sarkin kamun kwaɗi na lakwal ɗinmu, ya shiga ya ɗebo. Na tare ƙofar ɗakin Kaka na ce in ya taka sai na fasa masa kai da muciya. Ni na kwashe su a ƙwarya na kai zaure da hannuna, na kuma ƙi fita. Lawali ya ce kowane kwaɗo in aka riƙe shi ta hammata aka ɗan matsa sai ya yi kuka, shi ya kama ba adadi, bai taɓa ganin wanda ya ƙi ba. Ya ɗauki na farko ya matsa, kwaɗon ya kumbura, ya yi masa fitsari a hannu, bai ce uffan ba. Ya ɗauki na biyu, haka. Har ya gama da ƙwaryar ba wanda ya yi ko ɗan ƙara. Na ga dattawa suna janye ƙafafunsu daga kusa da ƙwaryar, ni kaina sai da na ja da baya. Mai unguwa ya sunkuyar da kai ya ce wa Baba shi ba ya zargin kowa, zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya, amma gari ya tsorata, kuma in aka sake fita roƙon ruwa tsohuwar tana nan, ba ya da tabbacin abin da samari za su yi. Gara a nema mata wani wuri.

Wani wurin ina? Garinsu ba kowa, hanya cike da masu gudun yunwa, ita kuma ƙafafunta sun fara kumbura. Baba ya zauna shi kaɗai a zaure bayan sun tafi, ya daɗe yana murza hularsa. Ba zai iya korar surukarsa ba, ba zai kuma iya buɗe baki ya tambaye ta ba. Inna tana madafa tana kuka ba sauti. A ƙarshe ni ya kira, ya ce in je in tambayi Kaka, cikin ladabi, me ya sa kwaɗin nan ba sa kuka. Ladabin dai ban kai shi ba. Na faɗa ɗakin na dire ƙwaryar a gabanta na ce ta gaya mini gaskiya, me ta yi musu.

Ta dube ni, ta dubi ƙwaryar, sai ta yi dariyar da na daɗe ban ji ba, tana toshe baki don kada ta kai zaure. “Hajo, ai duk mata ne,” in ji ta. “Ke kin taɓa jin macen kwaɗo ta yi kuka?”

Ta ɗauko ɗaya ta kifar da ita a tafin hannu ta nuna mini. Mace ta fi girma, cikinta faffaɗa, ƙasan haɓarta fari tas kamar sauran cikin. Namiji ƙarami ne, maƙogwaronsa da duhu, fatar wurin saki-saki saboda hurawa, hannuwansa kuma kaurara, in damina ce har da baƙar kanta a babban yatsa, wadda yake riƙe mace da ita. Shi ne mai kuka, shi ne kuma in an kama shi ta hammata yake ƙorafi. Ta ce su Lawali masu surutun suke bi su kama a bakin tabki, dole duk wanda ya shiga hannunsu ya yi kuka. Na ce to ina mazan, ko su ba sa jin ƙishirwa? Nan ta sauke murya. Ta ce sun zo, amma duk ranar da hadari ya taso sai su fara ƙwar-ƙwar, ita kuwa tana zaune gidan suruki, an ba ta ɗaki an ba ta tuwo, ba za ta saka masa da hayaniya ba. Sai ta riƙa tsince mazan tana tura su ta ƙasan darni, ta bar masu kunya irinta. Ta ce ai matan ne ma abin tattali, su ke ɗauke da ƙwai, in Allah ya kawo ruwa su za su cika tabki.

Ta ƙasan darni, wato gidan Gwaggo Asabe. Kaka ta ga abin da ke idona ta ce kada in kuskura, amma ina, na riga na fita. Na shiga gidan ko sallama ban yi ba, na wuce Gwaggo Asabe tana tankaɗe, da rariyarta kuwa, na nufi dutsen da suke wanke-wanke a kai na ɗaga shi. Ga su nan ƙanana, ramammu, masu baƙin maƙogwaro. Na damƙo biyu. Lokacin maza sun fara dawowa daga masallaci, na tsaya a ƙofar zaurenmu na kira Lawali na ce ya matsa wannan. Ya matsa, kwaɗo ya kama ƙorafi kamar ɗan tsako. Na kifar da shi kusa da ɗaya daga cikin na Kaka, na nuna musu haɓa da haɓa, yatsa da yatsa, na maimaita duk abin da ta faɗa mini, na kuma faɗi inda na samo su da ƙarfi yadda za a ji ta bayan darni. Wani dattijo ya fashe da dariya ya ce ashe Ɗanjuma ne ya kwashe mazan gari ya ajiye. Mai unguwa ya yi hamdala, Baba ya ɗaga kai karo na farko a ranar. Na koma cikin gida ina taku ɗai-ɗai, ina jin na gama da magana.

Ban san mutane ba a lokacin. Kwana bai yi nisa ba magana ta sake tufafi ta dawo. A bakin rijiya aka ce to an ji, mata ne, amma wace irin tsohuwa ce za ta zauna tana duba maƙogwaron kwaɗi har ta san mace ta san namiji? Mu da aka haifa a bakin tabki ba mu sani ba, sai ita da ta fito daga rairayi? Wa ya koya mata? Gwaggo Asabe kuma ta samu sabon abin riƙewa, wai an raba maza da mata da gangan, an tura mata mazan gida, ai wannan shi ne ɗaurin, don in ba su haɗu ba ina ruwa zai sauka. Dattijon da ya yi dariya ma na ji shi yana cewa shi dai abin ya ɗaure masa kai. Aka daina zama a zaurenmu da yamma. Wanda ya yi alkawarin ba Baba aron jaki ya ce jakin ba lafiya.

Wata safiya Kaka ta tashe ni, ta ɗora mini ƙwaryar kwaɗin, muka tafi a hankali saboda ƙafafunta har inda tabki ya rage ɗan taɓo a gindin dabinai. Ta juye su, ta tsaya har suka nutse. Da muka dawo ta naɗe tabarmarta, ta ɗaura buta a jikin ƙullinta. Akwai kamyo, babbar mota mai ɗaukar kanwa, da zai tafi Damagaram, ta ce tana da ɗan ƙanenta a unguwar Zango, can za ta. Inna ta riƙe ƙullin tana roƙonta, ta ƙi saurare. Tana fitowa tsakar gida sai ga Baba ya shigo ba gyaran murya. Ya zo har gabanta ya durƙusa, abin da ban taɓa gani ba, ya ɗaga ido ya dube ta.

“Iya, don Allah ki zauna,” ya ce. “Gidanki ne. Duk abin da za su yi, su yi mana tare.”

Kaka ta juya fuskarta wajen darni, ta ja mayafi. Ba shi ta amsa wa ba, ni ta kira. “Hajo, ce wa mai gidan nan na gode, Allah ya saka. Ce masa an riga an kai sunana zaurensa, ba zan zauna a kai nasa kasuwa ba.”

Na buɗe baki in maimaita kamar yadda na saba. Ba a ma buƙaci in maimaita ba. Baba ya ɗauki ƙullin da kansa, ya yi gaba, ita tana biye nesa da shi kamar kullum, har bakin hanya. Na ji haushin garinmu a ranar, haushin da har yau bai gama sauka ba. Ta tafi, ruwa bai zo ba. Gero ya bushe a tsaye, aka sa wa dabbobin da suka rage. Ba wanda ya zo zaurenmu ya ce an yi kuskure, sai dai zargin ya tashi ya koma kan wani makiyayi da ya yada zango a bayan gari. Da bazara wani mai fataucin kanwa ya kawo mana labarin rasuwarta, bayan an daɗe da binne ta.

Yanzu ni ma a Zango nake zaune, na kai shekarun da ake kirana Kaka. Ruwa a famfo yake zuwa, mu tara a bido, wato jarka, mu sanyaya a firiji, randa ta zama ta ado, ba ta da gindin da kwaɗo zai fake. Surukina kan shigo ya zauna kusa da ni muna shan shayi yana ba ni labarin kasuwa, ina jin daɗin hakan, ko da yake wani lokaci nakan rasa inda zan sa idona. Da damina kwaɗi kan cika kwatar ƙofar gida da kuka har su danne ƙarar kabu-kabu, mutane na wucewa ba mai ko waiwaye, sai masu tsaki. Bara na kama ɗaya zan nuna wa jikata maƙogwaronsa, na hango maƙwabciya ta tsaya tana kallona ta saman katanga, ban san lokacin da na sake shi ba. Na sha zuwa maƙabarta ina tambayar inda aka sa tsohuwar da ta zo daga Gidimuni a shekarar fari, masu kula da wurin su ce a shekarar an binne baƙi da yawa. Tabkinmu ya cika tun daminar da ta biyo baya, an ce har yanzu kukan kwaɗinsa na hana jin sallama. Ruwa dai ya dawo, Kaka ce ba ta dawo ba.